Wa Zai Tarbi Lopeti

Mount Druitt, Sydney
Yuli, 2018

Zuwa ga Yayata Melenaite,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangijinmu. Ina roƙon Allah takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki Sunia da yara da jikoki da duk mutanenmu na Pangai. Yaya gwiwar taki? An ce mini yanzu sai da sanda kike zuwa coci, amma duk da haka kina riga kowa isa. Allah ya ƙara sauƙi, ya ja da ranki, don ke kaɗai kika rage mini a madadin uwa. Mu nan sanyi ya sa mu gaba. 'Yarmu Siale ta sauka lafiya, namiji ne, ƙato mai kumatu irin na gidanmu. Maigida Sitiveni yana fama da hawan jininsa, ni kuma ina nan gidan kula da tsofaffi, ina ɗaga wannan ina kwantar da wancan.

Da gangan na ƙi kiranki a waya, Yaya. Na san yadda ake ɗaga waya a gidanki, a tsakar gida, kowa ya kasa kunne har da maƙwabta. Ki nemi wuri ki zauna ke kaɗai kafin ki ci gaba. Maganar Lopeti ce, kuma ban san ko wani abu ya riga ni isowa kunnenki ba. In ya riga ni, to ki ji daga bakin uwarsa.

Kin san abin da ya kai shi kurkuku: faɗan nan a ƙofar gidan rawa inda yake gadi, ya ture mutum, mutumin ya faɗi kansa ya bugi dakali. Ban taɓa cewa ba shi da laifi ba. Muna zuwa ganinsa, muna addu'a, muna jiran ranar fitowarsa, har babansa ya yi masa maganar aiki wurin masu gini. Abin da ban sani ba shi ne, a cikin shekarun nan wata malamar jami'a, Dakta Noeline, ta riƙa shiga gidajen kurkuku da izinin hukuma tana hira da fursunoni don wani bincike. Binciken kuwa, Yaya, ki yi mini afuwa, kan abin da maza ke yi da junansu ne a bayan ƙofa in an kulle: wa aka tilasta, wa ya yarda da kansa, wa ya ɗauki cuta, wa ya fito ya kai wa matarsa. Ta yi wa kowa alkawarin za ta canja masa suna. Lopeti ya zauna da ita, ya buɗe mata cikinsa. Ta kuwa cika alkawari, a littafin da ta fitar sunansa Ben. Sai dai an bar cewa Ben ɗan tsibiri ne, an zo da shi ƙasar nan yana jariri, ubansa mai wa'azi ne, kuma shi ke busa babban ƙaho a ƙungiyar mabusan coci. Wata jarida ta ɗauki wannan sashen ta buga. Kafin mako ya zagayo yana yawo a wayar duk wani ɗan Tonga da ke Sydney.

Ni ce ta ƙarshe da ta ji. Ranar Lahadi bayan sujada muna kicin ɗin coci muna feren gwaza, na ɗan fita, da na dawo kowa ta yi tsit. Sai Ilaise, matar mai shagon taya, wadda bakinta ba ya riƙe komai, ta ɗago tana dariya ta ce mini wai Losa, ashe an samo mini suruki a can ciki ban gaya musu ba, yaushe za a gasa musu aladen biki, kuma wa zai sa farar riga a cikin su biyun? Wasu suka tuntsire, wasu suka sunkuyar da kai. Ni ban gane ba, har na taya su murmushi. Wata tsohuwa ce ta ja ni bayan ƙofa ta nuna mini a wayarta. Wuƙar tana hannuna, ban san lokacin da na yanke yatsa ba.

Sitiveni nasa ya same shi a wurin da maza ke taruwa shan kava, jiƙon saiwar nan tamu ta gargajiya. Wani yaro da bai kai sa'an Siale ba ya miƙa masa ƙoƙo ya ce Baba mai wa'azi, a sha a hankali, an ce a gidanku akwai masu dogon numfashi. Ya ajiye ƙoƙon ya tashi. Tun daga ranar bai sake hawa mumbari ba. Ya sauke hoton Lopeti na ƙwallon zari-ruga daga bango. Yayar Sitiveni, Tupou, ta zo daga unguwar Auburn, ta zauna a kujerar da ta fi kowace tsawo, mu muna ƙasa, ta yanke cewa kada a ƙara ambatar sunan yaron a taron dangi. Kin san maganar gwaggo a wurinmu, ba mai ɗora wata a kanta. Ta ce da ma ɗan daudu ne tun yana ƙarami, mai rangwaɗa da taya mata girki, da an san inda za a ajiye shi, a yi dariya a wuce. Amma ƙato irin wannan, mai wuya kamar na sa, wanda aka riƙa nuna wa yara a ce su yi koyi da shi, wannan yaudara ce. Na buɗe baki, Sitiveni ya dube ni, na rufe.

Na sa Siale ta sayo mini littafin. Ta kawo a cikin leda ta ajiye a bakin ƙofa, ta ce Mama ba za ta iya karanta mini ba, Lopeti yayanta ne, ko kusa da irin wannan magana ba ta isa ta je ba. Gaskiyarta. Sai na zauna da Turancina na wurin aiki ina bin layi da yatsa. Yaya, ban san ɗana ba. Ya ce a watanninsa na farko wasu mutum biyu suka tare shi a wurin wanka da ƙarfe a hannu, suka yi masa abin da suka yi, kuma ba sau ɗaya ba. Suka ce masa ya je ya faɗa, wa zai yarda an yi wa ƙato kamarsa haka? Bai faɗa wa kowa ba. A lokacin nan ne nake zuwa ina ce masa ya yi ƙiba, abincin gwamnati ya karɓe shi, yana yi mini dariya. Daga baya aka haɗa shi ɗaki da wani Bature siriri mai suna Brendan, wanda satar mota ta kai shi. Ya ce mutumin ya ji shi yana kuka bai tambaye shi komai ba, ya dai dafa taliya a butar shayi ya tura masa. Haka suka yi ta zama har abin ya zama abin da ya zama tsakaninsu, ba tilas, ba ciniki. Malamar ta tambaye shi ko kurkuku ne ya mai da shi haka, don wasu da yawa sun ce mata a ciki kawai suke yi, in sun fita sun manta. Ya ce a'a, shi tun yana ɗan makaranta ya san kansa, ya yi azumi, ya yi addu'a, ya nemi 'yan mata don babansa ya gani. Ya ce abin kunya ne ya faɗa, amma a ɗakin nan mai ƙofar ƙarfe ne ya fara yin barci ba tare da yana tsaron fuskarsa ba. Nan na rufe littafin na shiga banɗaki na kunna famfo don kada Sitiveni ya ji ni.

Malamar ta zo gidanmu da kanta wata Asabar da rana. Farar mace ce mai furfura, ta kai shekarunki. Ta cire takalmi a waje, ta ƙi kujera, ta durƙusa kan tabarma da ƙyar gwiwoyinta suna ƙara. Sitiveni ya fita ta ƙofar baya. Ta ce ta zo ne in zage ta in ina so. Ta ce shekara da shekaru tana wannan aiki saboda duk sanda aka tambayi manya sai su ce babu irin wannan a kurkukunsu, alhali ana lalata yara ƙanana a ciki, suna fitowa da cuta da haukan da ba wanda ya san mafarinsa. Ta ce in ba a rubuta ba, ba wanda zai gyara. Na ce mata to ga shi an rubuta, wa aka gyara? Na ce ita tana ganin Sydney babban gari ne, mutum zai ɓace a ciki, amma mu ƙauye muka ɗauko muka zo da shi, a ƙauyen nan kuwa mutum nawa ne ke busa babban ƙaho kuma yake ɗaure? Na tambaye ta ko za ta iya bin gida gida ta karɓo abin daga wayoyin mutane. Ta ce ba za ta iya ba, laifinta ne ita kaɗai, ya kamata ta cire zancen ƙahon. Hawaye na zubo mata, ba ta ko share ba. Na so in tsane ta, Yaya, na yi ƙoƙari. Ƙarshe shayi na haɗa mata, na kama ta ta miƙe don ƙafarta ta sage.

A kurkuku kuwa labari ya riga ya shiga. Yaranmu na tsibiri, waɗanda suke kiransa ɗan'uwa, suke cin abinci tare suna waƙar coci ranar Lahadi, su suka tare shi a fili. Wai ya zubar musu da mutunci a gaban sauran ƙabilu. Suka karya masa muƙamuƙi da haƙarƙari. Aka kai shi asibiti, aka ɗaure masa baki da waya, daga nan aka mai da shi sashen da ake ɓoye waɗanda ransu ke cikin haɗari. Brendan kuma aka ɗauke shi zuwa wani kurkuku can arewa mai nisa, ko sallama ba su yi ba.

Da aka ba ni izinin ganinsa na tafi ni kaɗai, jirgin ƙasa sannan bas. Da ya shigo ban gane shi ba sai da ya zauna. Rigar ta yi masa yawa. Magana ta tsakanin haƙora yake yi, sai na matso. Ya tambaye ni ko na karanta, na ce na karanta. Ya ce to sallama na zo yi masa? Na ce kai wawa, yau Asabar ranar ziyara, ina kake so in je? Ya so ya yi dariya, zafi ya hana shi, sai hawaye. Na ce masa malamar nan ta cuce mu. Ya girgiza kai. Ya ce Mama kada ki ɗora mata, kafin a buga ta kawo masa shafukan ya duba, ita da kanta ta ja layi a kan zancen ƙaho da na wa'azi ta ce a cire, shi ya hana. Ya ce ya roƙe ta, har ya ce in ta cire to ta cire shi gaba ɗaya. Wai an canja masa suna, an canja masa shekaru, yana so a bar abu guda da yake nasa na gaskiya, don duk rayuwarsa wani mutum daban ake nunawa a ce shi ne. Ya ce ya zaci littafin malamai ne, a ɗakin karatu zai tsaya ƙura ta rufe shi, bai taɓa kawo jarida a ransa ba. Matar nan ta zauna a tabarmata na wanke ta tas, ba ta ce mini ko kalma ɗaya a kan wannan ba.

Ban ce miki na fahimci komai ba, Yaya. Abin da aka koya miki shi aka koya mini, a benci ɗaya muka zauna. Akwai ranakun da nake durƙusawa in yi addu'a in rasa me zan roƙa, a canja shi ko a canja ni. Amma na ga ɗana yana shan miya da tsinken roba. A nan tunanina ya tsaya, ban iya wuce nan ba.

Yanzu ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Wa'adinsa ya cika, amma ba su sake shi ba. Dokarsu ta ce wanda ba ɗan ƙasa ba, in an ɗaure shi ya wuce shekara, ana iya soke masa izinin zama a mai da shi inda aka haife shi. A can gida Ha'apai aka haife shi, a ɗakin Inna, ke kika yanke cibiyarsa. Ba ya ko zama da kansa muka hau jirgi da shi. Mun ɗaukaka ƙara. Lauya ya yi magana, Dakta Noeline ta zo ta tsaya ta ba da shaida cewa mai da shi bayan abin da ya faru jefa shi cikin haɗari ne, har aka ce mata ta taƙaita. Fastonmu na roƙe shi ya rubuta ko layi biyu cewa ya san yaron, ya ce zai yi addu'a a kai, har yau yana addu'ar. Sitiveni bai je ba. Aka kori ƙarar. Yanzu yana wurin da ake tsare waɗanda za a kora, kuma ba sa faɗin ranar tafiya sai ta matso. Ya daina cin abinci sosai. Da na je na ga takalminsa ba igiya, na tambaya, mai gadin ya ce sun karɓe ne saboda wasu maganganu da ya yi, suna kuma leƙa shi a kai a kai. Kin gane abin da nake nufi. Ba zan iya rubuta shi ba.

Yaron nan bai san Tonga ba. Harshenmu na waƙar coci kawai ya iya, in aka yi masa magana da sauri sai ya yi ta murmushi. Bai san hawan kwakwa ba, bai san fita kamun kifi ba, bai san wa zai sunkuya wa wa zai wuce ba. Za su sauke shi a filin jirgin Fua'amotu da jaka ɗaya da jami'ai biyu, su juya su koma. Na ji yadda irin waɗannan yara ke ƙarewa a babban birni Nuku'alofa, suna kwana a bayan kasuwa, kowa na nuna su. Shi kuma ga wannan labari ya riga shi sauka. Dangin ubansa Tupou ta riga ta buga musu waya, ƙofarsu a rufe take.

Ba zan ɓoye miki komai ba don kada gobe ki ce na rufe ki. Brendan ɗin ya kira ni daga inda yake. Na ɗaga na ji murya tana cewa Misis Losa, kada ki kashe, don Allah. Ya tambayi muƙamuƙin, ya tambaya ko yana cin abinci, ya ce in gaya masa ya daina taurin kan banza ya ci ko don a samu abin runguma. Sai ya ji kunyar abin da ya faɗa ya yi ta ba ni haƙuri. Ya ce baɗi zai fito, ya tambaye ni ko ana barin mai tarihin ɗauri ya shiga Tonga, kuma wai da gaske ne ba a buɗe shago ranar Lahadi? Na ce masa ya riƙa addu'a. Ya ce bai iya ba amma zai gwada. Lokacinsa ya ƙare wayar ta yanke. Ko zai zo ko ba zai zo ba, Allah ya sani. Na faɗa miki ne kawai don ki san da shi.

Yaya, ina durƙushe nake roƙonki. Ki karɓi Lopeti. Ban ce ki yarda da abin da ba ki yarda da shi ba, ban ce ki tsaya gaban coci ki kare shi ba. Ɗakin nan na baya da Sunia ke ajiye raga ya isa. Ƙarfi gare shi in ya samu ya ci, zai yi muku noma, zai gyara rufi, ba ya shan komai, ba ya ɗaga murya. Na san abin da nake ɗora miki. Na san za a yi da ke a wurin saƙar tabarma, na san Sunia dattijon coci ne kuma yana da nasa mutuncin da zai tsare. In ya ƙi, ki gaya masa ni ce, Losa, wadda ya riƙa ɗauka a wuya yana tsallaka ruwa da ita lokacin yana neman aurenki. In da hali, da zarar na ji ranar zan kira ki in ce miki kawai kaya sun taso, ke kin san nufina. Ki hau jirgin ruwa zuwa Tongatapu, tsibirin da jirginsa zai sauka, ki tsaya inda zai gan ki. Kada ki tsaya a baya. Ki kira sunansa da ƙarfi, don ba zai ɗaga kai ya nemi kowa ba.

In kuma ba za ki iya ba, ki faɗa mini da wuri, ba zan riƙe ki a zuci ba. Zan ajiye aiki in biyo shi da kaina. Na gaya wa Sitiveni haka, ya ce in na tafi kada in dawo, na ce na ji. Shekara talatin da wani abu ban taɓa mayar masa da magana ba sai ranar. Sai dai ba za su bar ni in hau jirgi ɗaya da yaron ba, kuma ina tsoron kwanakin da zai yi shi kaɗai kafin in iso.

Ki gaishe mini da Sunia da kyau. Ki gaida Fatai da matarsa, da Lesieli da yaranta, da tsohuwa Mafi in har yanzu tana gane mutane. In kin je kabarin Inna ki share mata ki ce ina tunawa da ita. Siale na gaishe ki, ta ce a gaya miki jaririn da hancinki ya zo.

Saura abu ɗaya. Ranar Asabar da ta wuce Lopeti ya tambaye ni ko akwai wanda ya san da zuwansa a can. Na dubi idonsa na ga abin da ke ciki, sai na ce masa Inna Melenaite ta ce ya zo, har ta fara share masa ɗaki. Ya ce da gaske, Mama? Na ce da gaske. A gabana ya jawo farantin ya cinye abincinsa. Ban tambaye ki ba na faɗa, ki yafe mini. Amma da wannan maganar yake rayuwa yanzu, Yaya, kuma ke kaɗai za ki iya mai da ita gaskiya.

Allah ya tsare ki, ya ba ki zuciyar amsa mini.

Ƙanwarki da ke jiran jin muryarki,
Losaline